Wa Ya Sayar da Matan Kifi?

3 ga Afrilu, 1994

Torunn,

Ina gaishe ki, don haka aka koya mana. Lafiyata lau, ban da ƙafa.

Na karanta littafinki kan yajin aikinmu na masana'antar kifin gwangwani. Kin rubuta cewa mijina Kjell, shugaban ƙungiyar ƙwadago, shi ya sayar da mu: ya sa hannu aka ƙara wa maza albashi, mu mata ɗari biyu muka tashi a tutar babu. Mutumin da ya shekara shida a kabari! Jiya a kantin burodi Gunvor, wadda muka yi aiki teburi ɗaya, ta ce, "Ashe da maciji kika yi shekara arba'in, Aslaug?" Ko burodin ban saya ba.

'Yar ƙanena na ba labari a kicin ɗina, ba farfesa ba. Ki riƙe aƙidarki ta gurguzu da tarihinki, ki bar mini matattuna.

Gwaggonki,
Aslaug

9 ga Afrilu

Gwaggo,

Gaisuwa da girmamawa. Ya ƙafar?

Ba daga bakinki na samo ba. Takardar na nan a ma'ajiyar ƙungiya, da sa hannun Kawu Kjell ɓaro-ɓaro. Mako goma sha ɗaya kuna tsaye bakin ƙofa cikin ƙanƙara, ke ce a gaba, sannan maza biyar suka shiga ɗaki suka rufe ƙofa. In yi shiru don mijinki ne? Irin shirun nan ne ya sa mahaifiyata ta mutu da yatsu a ƙandare, ba wanda ya san sunanta.

Yanzu haka masu sharar jami'armu, yawancinsu mata, suna yajin aiki. Kullum ina tare da su, har hukumar jami'a ta rubuto mini gargaɗi. Na karanta musu labarinki, wata 'yar Poland ta yi kuka. Ki zo ranar ma'aikata ki yi musu magana.

'Yarki,
Torunn

16 ga Afrilu

Torunn,

Gaisuwa. Ke da takarda!

To saurara, farfesa. Kjell ya ƙi sa hannun. Ya dawo gida ya ce, "Ba zan bar ku a baya ba." Ni na ce masa, "Koma ka sa." Ni, jarumar littafinki. Mako uku muna cin dankali da gishiri, uwarki na da cikinki wata bakwai, ta faɗi a bakin ƙofar masana'anta a gabana. Na ce in maza sun samu, aƙalla gidaje za su ci. Washegari na hau akwati na zage shi gaban mata, suka yi mini tafi. Ya ɗauki zagin har ya mutu, bai tona ni ba.

Kin yi shekara huɗu kina tonon akwatunan takardu, ba ki taɓa tambayata yadda aka yi ba, don kin riga kin san amsar da kike so. Je ki karanta wa masu sharar wannan.

Aslaug

22 ga Afrilu

Gwaggo,

Ina gaishe ki. Kwana uku na kasa shiga aji.

Zan gyara a bugu na biyu, da sunanki a ciki. Zagin da Kawu ya ɗauka ya isa. Amma ba ni zan faɗa wa masu shara ba. Sun shiga mako na shida, kuma an fara kiran mazan cikinsu ɗaki. Ke za ki faɗa musu, da bakinki.

Har yanzu ina fushi. Zan jira ki a tasha.

Torunn