Kun Haska Mamata Ba Na Wurin

Zuwa ga Shugaban Kwamitin Majigi na Bikin Al'adu, Kafanchan.

Ranka ya daɗe, gaisuwa cikin sunan Ubangiji, da fatan iyali suna lafiya. Ni ne Bitrus, malamin firamare a Kwoi. Na yi ta sintiri ofishinka ban same ka ba, shi ya sa na rubuto a fili.

Na ɗaya. Fim ɗin da na kawo muku ni na ɗauka, da ƙaramar kyamarar da wani ɗan mishan ya bar mini. Ba ta ɗaukar murya, kuma ba ni da mai riƙe mini. Sai in wana ta kamar agogo, in ɗora a kan kifaffen turmi, in danna, in ruga gabanta kafin ta tsaya. Haka na ɗauki kaina ina jinyar mamata a watanninta na ƙarshe: ina wanke mata ƙafa, ina ba ta kunu a baki, ina kankare mata citta. Akwai inda na yi kuka, ban yanke ba.

Na biyu. Na gaya wa sakatarenka kada a haska shi sai ina tsaye gefen majigi ina bayani da bakina. Kuka haska ranar da nake aji. To me jama'a suka gani? Ƙato ya rugo ya durƙusa gaban tsohuwa, ya sake rugowa, yana sharar hawaye. An ce mini har da masu riƙe ciki don dariya.

Na uku. Fim ɗin Danladi, abokina tun kwalejin malamai, shi kuka zaɓa ya tafi Kaduna. Masu rawa ya ɗauka da kayan ado, yana ɓoye bayan kyamara, ko yatsansa bai fito ba. Kuka ba shi lasifika, kuka tafa masa. Ina kishi, ranka ya daɗe, ba zan yi maka ƙarya ba. Na san zunubi ne, na yi addu'a, bai tafi ba. Ni fa na koya masa riƙe kyamarar. Shi ya nuna mutanen wasu ya samu yabo, ni na nuna kaina na zama abin dariya a tashar mota.

Na huɗu. Faifan ɗaya ne tak, ba shi da kwafi. Na ji ana aronsa don nishaɗi, kuma duk zagayen da ya yi a majigi ƙarzuwa yake yi.

Roƙona, ku dawo mini da shi. In da hali, ku tara mutanen nan sau ɗaya in tsaya in yi magana. Mama ba ta so a ɗauke ta a fim tana kwance ba. Sai da na yi mata alkawari duk inda za a nuna ta ina tsaye kusa da ita, sannan ta cire mayafin daga fuskarta.

Allah ya ƙara maka lafiya, ya sa ka gama da iyayenka cikin rufin asiri.

Wassalam.

Malam Bitrus, Kwoi.