Tabon Hannun Kaka Hadiye

Elazig, 3 ga Oktoba, 2004

Tahsin ƙanena,

Ina gaishe ka don haka Inna ta koya mana, ba don ka cancanta ba. Ka gai da Sevim da yara.

"Yaya, na rantse da ƙasar da muka rufe ta da ita, Kaka ba za ta taɓa shiga rubutuna ba." Kai ka faɗa a bakin kabarinta, hannunka duk laka, shekara goma sha ɗaya ke nan. Jiya na buɗe jarida sai ga babin farko na sabon littafinka, ga hoton Kaka Hadiye, tabon wuyan hannunta ya cinye rabin shafi. A ƙasa ka rubuta wai Armeniyawa ne suka ƙona ta tana yarinya.

Littafi shida ka yi kana cewa ba a yi wa mutanen nan kisan ƙare dangi a 1915 ba, wai ƙaura ce kawai, sai cuta da sanyin hanya. Duk na karanta su da jan biro, yadda na yi shekara talatin ina gyara wa 'yan makaranta, na haɗiye. Wannan kam ya ƙi wucewa.

Ka san sunanta na asali Siranush, Ba'armeniya ce, ita ta faɗa mana a ciwonta na ajali. Tana shekara tara jandarmomin gwamnati suka kora mutanen ƙauyensu zuwa bakin kogin Furat. A gabanta aka fasa kan babanta da gindin bindiga. Uwarta kuwa aka ɗaure ta baya da baya da wata mata, aka harbi ɗaya don tattalin harsashi, gawar ta ja mai rai cikin ruwa. Kakan babanmu ya tsinci yarinyar, ya ga zanen gicciye a hannunta, ya sa ƙarfe a tanda har ya yi ja, matarsa ta danne ta. Gidanmu ne ya ƙona ta, Tahsin.

Ka cire babin. Allah ya shirye ka.

Yayarka, Nazife

Istanbul, 11 ga Oktoba

Zuwa ga Yayata mai daraja,

Ina sumbatar hannunki, ina gai da Yaya Riza maigidanki.

Ni masanin tarihi ne. Da takarda nake aiki, ba da hirar tsofaffi ba. Kaka ta yi sallah fiye da shekara saba'in, ta cika da kalmar shahada, kuma tsohuwar da zazzaɓi ya kwantar babu abin da ba za ta faɗa ba. Alƙawarin nan kuwa, kuka kike yi, na lallashe ki.

Littafin yana gidan bugu. Asabar 30 ga wata za a ƙaddamar da shi. Elazig ƙaramin gari ne, Yaya, ki iya bakinki.

Ƙaninki mai girmama ki, Tahsin

Elazig, 18 ga Oktoba

Tahsin,

Muna lafiya, in ka cire muƙamuƙin Riza.

Ranar Juma'a ka rubuta a shafinka na jarida cewa ko a danginka akwai wata tsohuwar malama a Elazig da ke cin amanar ƙasa. Washegari samari huɗu suka tare Riza a ƙofar shagonsa. "Baba, kai ne mijin ragowar takobin nan?" Haka ake kiran waɗanda suka tsira daga kisan da jikokinsu. Ya ce musu, "Ni dai mijin Nazife ne, ta fi takobi ma." Suka zagaye shi da sanduna. Haƙora uku, haƙarƙari biyu, an ɗaure masa baki da waya. Yanzu da biro yake magana. Ya rubuta mini: "Ki gode wa ƙaninki, ya mai da ni marubuci."

Takarda kake so? Ku maza a likkafani kuke karɓar gawar mace. Ni na wanke Kaka, ni da Inna Makbule mai wankan gawa. Da muka tuɓe ta, muka ga zare a ƙugunta ya ci fata ya yi hanya, da 'yar jakar tsumma a jikinsa. A ciki akwai takarda da haruffan Armeniyawa. Inna Makbule ko gezau. Ta ce, "Rufe bakinki, 'yar nan, zuba ruwa. Ita ce ta bakwai irinta da na wanke a unguwar nan. Mai wanka ba ta faɗin abin da ta gani." Ta ce in mayar cikin likkafani. Na tura a ƙirjina.

Wata takwas na yi ina koyon haruffan. Sunayen 'yan gidansu ne, uwarta ta rubuta ta ɗaura mata kafin su isa kogi. Haƙƙin gawa ne ya rufe mini baki, don na ɗauka asiri nake rufa mata. Ashe ɗauke ido na yi, kai kuma ka shiga ka tono ta ka sa ta shaidar zur a kan uwarta.

Allah ya isa tsakanina da kai.

Nazife

Istanbul, 21 ga Oktoba

Yaya,

Gaisuwa. Wallahi ban aiki kowa wurin Yaya Riza ba. Don Allah ki ƙona takardar nan. In ta fito, masu tafa mini yau su za su fara jifana, kuma yarana a makaranta suke.

Sunaye nawa ne a ciki?

Tahsin

Elazig, 24 ga Oktoba

Ƙanena,

Na amsa gaisuwarka. Biyar ne. Na ƙarshe jariri ne, ko yaye shi ba a yi ba.

Na ba ka zuwa azahar ɗin Laraba. Ka kira ni ka ce an zare babin da hoton. In wayar ba ta yi ƙara ba, motar Juma'a zan hau zuwa Istanbul. Ranar Asabar za ka gan ni a layin gaba da baƙin gyale. Da an ce akwai mai tambaya, zan miƙe in karanta su ɗaya bayan ɗaya, in ɗaga takardar sama, in ce ga dangin marubucin. Ka gaya wa masu sandunan su fara da bakina, su kuma yi sauri, don sunaye biyar ba su da tsawo.

Ina sumbatar idanun yara. Ka huta lafiya, in za ka iya.

Yayarka, Nazife, jikar Siranush