Muryar da Na Riƙe Ki da Ita

Ya ke sanyin idaniyata, inuwar da nake fakewa in rana ta take, ruwan farko a kan busasshiyar ƙasa, uwar 'yata, matata!

A kan bencin bakin ɗakin amo nake rubuta miki wannan, gilashi ne kawai tsakanina da ke. Ga ki nan kwance yadda na bar ki, hannunki na dama a ɗage kaɗan, za ki gyara ɗankwali. Shekara da shekaru hannun nan bai ƙarasa tafiyarsa ba!

Kin tuna ranar da aka kawo ki, bayan likita ya ce ciwon jininki ya fi ƙarfin maganin da ake da shi? Babban mai saitin amo ya zaunar da mu ya ce kowane abu a duniya yana da amonsa. In aka dace da shi, ƙarfe ya yi laushi kamar kakin zuma, fasasshen kofi ya haɗe, lokaci kansa ya tsaya cik. Za su tsayar da naki har a samo magani. Sai dai ƙoren tagullar da ke kewaye da gadon ba sa karɓar sautin inji in mutum ne a ciki. Sai murya mai rai, kuma wadda aka saita su da ita, ita kaɗai za ta riƙa ciyar da su kowace safiya.

Mai saiti ya ce in ja sauti mafi ƙasa da zan iya, don shi ke daɗewa a maƙogwaro. Na ja. Kika yatsine fuska, kika ce ke ba za ki yi barci cikin kukan bijimi ba, in ɗaga murya kamar ranar da na zo neman aurenki. Wa zai ƙi ki a irin wannan rana? Na ɗaga, kika ƙyalƙyale da dariya har da hawaye, mai saiti ya girgiza kai ya saita ƙoren a kan wannan sautin. Dukanmu mun ɗauka abin 'yan watanni ne.

Wayyo tauraruwata, sautin saurayi muka zaɓa, maƙogwaro kuwa tsufa yake yi! Kowace safiya sai na hau shi kamar mai hawa tsani da buhu a ka. Makon jiya muryata ta tsage a tsakiya. Allurar ma'auni ta karkata, ƙoren suka yi wata irin karkarwa, kuma kafin in sake kamo sautin na ga farin gashi ya fito a gefen kunnenki. Da idona na gani! Mai saiti bai ɓoye mini ba: in amon ya yanke gaba ɗaya, shekarun da muka hana ki za su faɗo miki lokaci guda, ciwon na biye da su.

Ga wanda ba ki sani ba. Wani ƙari ya fito mini a maƙogwaro. Likita ya daɗe yana bina a cire shi, amma wuƙar da za ta cire shi za ta tafi da muryar. Ta yaya zan yarda? 'Yarmu, wadda kika bari tana rarrafe, ta roƙe ni in bar ta ta gwada, ƙoren suka ƙi ta. Yanzu ta kusa kamo ki a shekaru, kuma bakinki ta ɗauko kaf. Ta hana ni ruwan sanyi, ta hana ni hira, ko atishawa na yi sai ta harare ni ta ce Baba yana ɓarnar dukiyar Mama.

Maganin ya iso, farin watana! Yana hannun likita. Gobe da safe za a sauke amon. Zan fara daga can sama inda dariyarki ta ajiye ni, in gangaro a hankali cikin numfashi ɗaya har shiru, don lokaci ya dawo miki kamar yayyafi. Ina tsoro, wallahi ina tsoro. Ba a maimaitawa. Ina roƙonki, in akwai inda kike jin muryata a cikin wannan dogon barci, ki riƙe ta. Ki riƙe ni!

Daga nan ɗakin tiyata za a wuce da ni, shi ya sa zan ba 'yarmu wannan takarda ta ajiye a tafin hannunki. In kin farka kika ga wani tsoho mai furfura ya ƙura miki ido, kada ki ja mayafi, ni ne. In kin tsokane shi bai rama ba, in kin kira shi bai amsa ba, kada ki ɗauka fushi yake yi da maganar kukan bijimi. Muryar ce ta ƙare, a kanki na kashe ta, kuma ko yau aka dawo da ita a kanki zan sake kashewa.

Ke dai ki ƙarasa gyara ɗankwalin nan in gani.

Naki, da murya ko babu, har numfashi ya bi bayanta,
Mijinki