Miyar Ɗayyabu a Cikin Burodi

Litinin, 7 ga Yuli

Ɗayyabu ya dawo. Ƙanina da ya tafi Afirka ta Kudu tun ina goyon Jamila, yau ga shi a rumfata ta tashar Ikara da jaka ɗaya, ya rame kamar kara. Wai an ƙone shagon da yake yi wa tsaro. Ya durƙusa, "Yaya Rashida, mun same ku lafiya? Ya ƙarin haƙuri?" Haƙurin Inna yake nufi. Innar da ta rasu bara waccan tana kiran sunansa. Na ce haƙuri sai ma'aiki, na ci gaba da wanke kwanuka.

Talata, 8 ga Yuli

Ko tsinke bai kawo wa yara ba. Amma cin tuwo, ma sha Allah.

Lahadi, 13 ga Yuli

Kasuwa ta mutu. Tumatir ya yi tsada, shinkafa ta fi ƙarfin direbobi, sai su leƙa tukunya su wuce wajen mai shayi. Ɗayyabu yana zaune yana kallona ina juye ragowar abinci a roba. Can ya ce wai akwai wani abinci da leburori ke ci a inda ya zauna, ba shinkafa, ba kwano, ba cokali. Na ce to a tafin hannu ake zuba musu? Ya yi dariya. Ni ban yi ba.

Laraba, 16 ga Yuli

Ya tafi kasuwar Makarfi tun da safe ya dawo da wuyan akuya da ƙashi-ƙashin da mahauta ke turewa gefe, da dankalin Turawa, da burodin jiya daga gidan burodi. Na bar masa murhu ɗaya don in ga iyakarsa.

Ya soya albasa har ta yi ja. Ya zuba citta da tafarnuwa, kanumfari, kori mai yawa da attaruhu, ya juya naman a ciki kafin ya sa ko ɗigon ruwa. Tumatir kaɗan, abin da ba zai ishe ni ko miyar gida ba. Sai dankali. Da ta nuna ya raba burodi biyu, ya ƙwaƙule cikinsa, ya cika ramin da miya, ya ɗora abin da ya ƙwaƙulo a sama kamar murfi.

Na ɗanɗana a bayan rumfa, inda ba zai gani ba. Ba zan rubuta komai a kai ba.

Asabar, 19 ga Yuli

Kafin azahar tukunyarsa ta ƙare. Tawa tana nan da rabi. Malam Saminu direba, wanda ya yi shekaru yana cin shinkafata bai taɓa cewa sannu ba, yau har da lashe yatsa: "Hajiya, ashe kina da gwani a gida kika ɓoye!" Gwani. Ni da hayaƙi ya cinye wa ido a wajen nan, ni ce mai wanke-wanken gwani.

Alhamis, 24 ga Yuli

Yau abin ya fashe. Muna kwashe kaya ya ce, "Da Inna na da rai, da ta ci wannan ta sa min albarka."

Ban san sanda na jefar da ludayi ba. Na ce Inna ko kunu ba ta iya haɗiyewa a ƙarshe, da cokali nake ɗiga mata. Ni na juya ta, ni na wanke ta, ni na riƙa yi mata ƙarya cewa kana hanya. Kana can kana koyon ƙwaƙule burodi.

Ya ce ba shi da takardu, in ya fito ba zai iya komawa ba, kuma kunyar dawowa hannu rabbana ta hana shi. Na ce ai ga shi ka dawo hannu rabbanan, sai dai babu wadda za ka ji kunyarta. Ya ci gaba da kwashe kaya. Mutanen tasha duk sun ji.

Juma'a, 25 ga Yuli

Ya tafi. Jamila ta ce Likoro ya nufa, ƙodago a gonar masara. Allah raka taki gona.

Talata, 29 ga Yuli

Kowa ya zo sai "ina mai burodi?" Na ce ni ma ina da hannu. Na yi komai yadda na ga yana yi, na zuba, burodin ya jiƙe ya ɓarke a hannun Malam Saminu, miya har gaban rigarsa. 'Yan kamasho suka yi ta dariya. Na kwashe sauran na kai gida, yara suka ci, ba wanda ya nemi ƙari.

Asabar, 2 ga Agusta

Ruwa tun asuba. Ban fita ba. Da wane takalmi ma ya tafi?

Talata, 5 ga Agusta

Na je Likoro sayen masara. Ta can ta fi araha, kowa ya sani.

Na sami Ɗayyabu a tsakiyar kunyoyin masara, taɓo har gwiwa, hannunsa duk ya yi kanta. Muka gaisa kamar baƙi. Na ce miyar nan, me ke sa ta tsinke? Ya ce, "Ruwa kika cika, Yaya. Ki bar dankalin ya narke, shi ke ɗaure ta. Kuma kada ki ƙwaƙule gindin burodin da yawa." Na ce dama na sani.

Ban yafe ba. Ban kuma ce ya dawo ba. Na dai gaya masa ɗakin Inna yana yoyo, kuma ni ba zan hau rufi ba.

Sai da na iso Ikara na tuna ban sayi masarar ba.