Fankar Mma

Laraba, Zango, bayan isha'i

Kotu ta ƙi. Alƙali ya ce ba zai hana 'yan sanda binciken satar wutar Kawu Sallau ba. Lauyan da Kawu ya ɗauko daga unguwar Krofrom ya zuba turancinsa a banza. Na ga Kawu ya sauko daga trotro, motar haya, hula a hannu, ya tsufa a wuni ɗaya. Wallahi daɗi na ji.

Mita ɗaya ce duk gidan nan, shi ke ƙirga ƙwan lantarki da fankar kowa. Bara, Mma, mahaifiyata, na kwance a ciwon ajali, ya shigo ya yanke wayar fankarta, wai tana cinye wutar jama'a. Ƙanwarsa fa, ciki ɗaya. Da kwali na yi ta yi mata fifita har ta cika. Ashe firizojin kifinsa ta bayan mita suke shan wuta. Ranar da kuɗin mita suka ƙare gida ya yi duhu, firizojin ko suna ta gurnani, kowa ya ji.

Ɗazu matarsa ta ƙwanƙwasa. An yanke wutar ɓangarensu, jininsa ya hau, zafi ya hana shi numfashi.

"Habiba, ki taimaka wa Kawunki da fanka, ko na yau."

Na ce, "Anti, ina zuwa." Na ɗauko kwalin nan, ban taɓa yar da shi ba, na miƙa mata.

Fankar Mma na gyara ta tuni, ga ta na ƙure ta. Bangon ba kauri, na san yana ji.