Na Ƙi Yanke Dariyarki, Haulatu

Zuwa ga Haulatu ɗiyar Malam Sodangi ta Kunduru, sanyin idona, ƙamshin ƙasa bayan ruwan farko, inuwar tsamiya ga wanda ya sha rana.

Bayan gaisuwa mai yawa, albishirinki! Baturen da ke ɗaukar hoto a sashenmu na majigi a Kaduna ya koma ƙasarsu tunda mun sami 'yancin kai, an kuwa damƙa mani kyamararshi. Ni Dawuda na Kusada, da na yi shekaru ina saɓa mashi kaya a kafaɗa, yau ni ke leƙawa, ni ke cewa a tsaya ko a ci gaba. Wa zan fara gaya wa in ba ke ba?

Kin tuna kakar bara, da muka zo ɗaukar hoton cirar gyaɗa a gonarku? Kina sheƙa, iska ta fizge hulata ta kai ta cikin harawa, kika ɗaga kai kika yi dariya. Ashe kyamara tana juyawa. Da na zauna da almakashi ina yanka hotunan ina haɗawa, sai ga ki, haƙoranki kamar audugar da ta fashe da safe. Shugabanmu Malam Ɗanmaliki ya ce in cire wurin, wai darasin gyaɗa ne, ba na dariya ba. Na ce mashi manomi ba ya sauraron darasin da babu fuskar gida a ciki. Ya sake kallo, ya bar mani. Ta yaya hannuna zai sa maki almakashi?

Na ji Babanki ya ce majigi ba sana'a ba ce, mai yawo a mota ba ya riƙe gida. Ban ga laifinshi ba. Amma wata mai kamawa za mu haska wannan majigin a Kankiya ranar kasuwa. Don Allah ki roƙi Inna ta lallaɓo shi ya zo, ya ga gonarshi da shanunshi a jikin farin ƙyalle, gaban jama'a. Washegari kawuna Babba zai iso ƙofarku neman aurenki. Kada a ba kowa amsa kafin nan.

Aikin nan zai kai ni Borno, zai kai ni Ilori. Ko'ina na je, Kunduru zan dawo.

Naki har ƙarshen numfashina,
Dawuda