Tarin Bohalan a Gindin Katanga

Drumkeeran, Leitrim,
19 ga Agusta, 1996.

Zuwa ga ƙanena Malachy,

Bayan gaisuwa mai yawa da fatan alheri, ina fata takardar nan ta same ka lafiya, kai da Philomena da yara. Allah ya ƙara maka sauƙin ƙirjin nan, ya sa sanyin Toronto ya zo muku da dama bana. Na ga hotunan da ka aiko. Ka yi ƙiba, kada ma ka musa, kuma furfurar da kake yi mini dariya a kanta ga ta nan ta mamaye maka kai. Nan gida sai godiya. Ƙuguna yana nan yadda ka sani, rana ɗaya da sauƙi, rana biyu babu. Goggo Bríd ta cika casa'in da ɗaya a gidan tsofaffi. Da na je duba ta, da sunan Mama ta yi ta kirana, ni kuma ban gyara mata ba. 'Ya'yan Keaveney sun rufe gidansu sun koma Ingila, don haka yanzu daga gada har tudu hayaƙi biyu kaɗai ke tashi, nawa da na maƙwabcina Fintan Tansey, abokin karatunka.

Zancen Fintan ɗin ne ma ya sa na ɗauki biro, don ba ni da wanda zan gaya wa sai kai. Ka san tun da mijina Colm ya rasu, shekara uku ke nan, Fintan ba ya fashin zuwa shan shayi ƙarfe huɗu. Ya shigo ba sallama, ya rataye hula, ya kushe burodina ya cinye rabi, ya ba ni labarin farashin raguna da wanda ya mutu. Ba wata hira ce ta a zo a gani ba. Amma a yini ɗaya muryarsa ce kaɗai muryar ɗan Adam da ke shiga kunnena, in ka cire rediyo.

Ka tuna bohalan, ciyawar nan mai dafi ga dabbobi, mai furen ruwan ɗorawa, da Baba yake jera mu muna tumɓukewa duk Yuli, har ɗan sanda kan zo a keke ya yi gargaɗi in an bar ta. To Colm, da taurin kansa, ya bar mata wani siririn fili a gefen katangar dutsen da ta raba mu da Fintan. Ya ce ƙudan zumansa suna samun abinci a kanta lokacin da sauran furanni suka ƙare, kuma tsutsotsin nan masu zanen baƙi da rawaya ba su da wani abinci sai ita, su ne ke zama malam-buɗe-littafi ja da baƙi. Shekara ashirin suna musu da Fintan a kan filin nan. Fintan ya ce iska na kwaso masa irin, wai mu muna kiwon tsutsa shi yana kiwon doki, a ga wanda za a kai kasuwa. Colm ya ce ai doki mai hankali ba ya taɓa ta tana tsaye, ɗacinta ya ishe shi. Ni kuwa Fintan ya laƙaba mini uwar tsutsa, ni ma ba na raga masa, tsohon banza nake ce masa.

Bara sai na ce bari in kyauta wa bawan Allah nan, tun da ba ni da abin saka masa. Na ƙudura zan tumɓuke filin kaf in huta da mitarsa. Sai da na fara bin tsutsotsin ina tsincewa a bokiti ina kai su kan bohalan ɗin bakin hanya, don kada Colm ya tashi ya tsine mini. Ka ji labarin farin da aka yi bara, ƙasa ta bushe ƙamas, saiwa ba ta fita sai da kyar, ga ƙugu. Kullum abin da na samu in tara a gindin katanga, da niyyar in ƙone. Amma wa zai kunna wuta a wannan bushewar? Baro kuma ba na iya turawa. Haka tarin ya yi mako shida a wurin, ina ƙara masa kullum. Fintan bai san da shi ba, don ta hanya yake zuwa, ba ta gona ba, ni kuma na ɓoye masa ne don in ba shi mamaki. Da na nuna masa filin fes, cewa ya yi lallai uwar tsutsa ta tuba, a buga ƙararrawar coci.

Malachy, ni da kai mun sani tun muna yara cewa in bohalan ta yi yaushi ɗacin yana fita amma dafin yana nan, kuma a lokacin ne dabba ke cin ta. Na sani sarai. Na dai ce a raina ai akwai katanga. Na riƙa ganin tarin yana raguwa, na ce rana ce ke shanye shi. Sau biyu na tarar da goɗiyarsa, Roisín, ta miƙo wuya ta inda duwatsu suka zube, har na shafa mata goshi na ce sannu 'yar gari. Gonarsa a lokacin ko tsinke kore babu.

Abin bai nuna ba sai a watan Afrilu. Goɗiya ta fara ramewa, tana yawan hamma, sai ta je ta jingina goshi da bango ta tsaya haka kamar mai tunani. Daga baya ta riƙa zagaye wuri ɗaya, ba ta ma gane Fintan. A farkon Yuni likitan dabbobi ya zo ya hutar da ita, ya ce hantarta ta gama lalacewa, kuma bohalan ce, ta daɗe tana cin ta a hankali. Shekararta ashirin da biyu a hannun Fintan. A gabansa aka haife ta, ita ce ta ja keken da ya kai matarsa makwancinta. Ranar ma ya zo ƙarfe huɗu, ya zauna, bai taɓa burodi ba. Ni kuwa da na ji maganar likita, nan take na ga wuyan nan a kan katanga.

Na yi shiru, kuma ba zan yi maka ƙarya ba, tsoro ne ya hana ni magana. Na san in na faɗa zai daina zuwa. Wata guda cur ina zuba masa shayi ina sauraronsa yana neman mai laifi. Ƙarshe ya tsayar da magana a kan wani mutumin bayan tafki, mai 'ya'ya biyar, wanda ya sayar masa da busasshiyar ciyawa lokacin sanyi. Ya ce wallahi ran Lahadi in an fito daga coci zai tare shi a gaban jama'a, ya tambaye shi ko guba yake ɗaurewa yana sayarwa, ya ga wanda zai ƙara sayen ko dami ɗaya a hannunsa. Ka san bakin Fintan, kuma ka san garin nan. In ya yi haka, mutumin ba zai ƙara sayar da komai ba har ya mutu.

Ran Jumma'a na gaya masa. Ban yi kwana-kwana ba, na ce ya bar mutumin nan, ni ce, na kwashe komai na faɗa, har shafa goshin. Na so ya zage ni, da na ji sauƙi. Sai ya tambaye ni abu ɗaya, wai mako nawa tarin ya yi. Na ce shida. Ya ce shida, ya sake cewa shida. Ya ajiye kofi a hankali, ya ce an gode da shayi, Misis Gilhooly. Shekara arba'in muna maƙwabtaka bai taɓa kirana haka ba. Ya ɗauki hularsa ya fita, har da rufe mini ƙofa.

Mako biyar ke nan. A coci ya koma ɗaya gefen. Bai gaya wa kowa ba, na tabbata, don da ya faɗa da na gani a fuskar matan shago, kuma wannan rufin asirin ya fi yi mini ciwo. Akwai ranakun da sai yamma nake tuna ban buɗe baki ba tun safe, sai in yi wa kaji magana don in ji ko muryar tana nan. Kewa ta ishe ni, Malachy, ban taɓa sanin gidan nan yana da girma haka ba. Amma ina roƙonka kada ka rubuta masa kana ba shi haƙuri, don bai yi laifin da za a matsa masa ba. Kada kuma ka sake tayar da zancen in sayar da gidan in taho wurinku. Ba yanzu ba.

Jiya an kwana ana ruwa, ƙasa ta yi laushi. Da safe na leƙa taga sai na hango mutum a cikin gonata, ya sunkuya a gefen katanga. Bohalan ta sake tsirowa daga guntayen saiwar da na bari, ga Fintan yana tumɓukewa yana cusawa a buhu yana ɗaure bakin buhun. Ban san ko taimako ba ne ko nuna mini yadda masu hankali ke yi. Na ja ƙafa na fita, na kama layin da ke kusa da nasa. Mun fi awa biyu muna tumɓukewa. Da muka kai ƙarshe ya saɓa buhunan, nasa da nawa, ya dubi hannuwana da suka yi kore, ya ce mace da girmanta tana tumɓuke guba ba safar hannu, so nake in bi goɗiyar? Ya cire tasa safar ya ɗora a kan katanga, ya tafi. Bai kira ni da uwar tsutsa ba, bai kira ni da Misis Gilhooly ba, bai kuma shigo ba.

Ka gaishe mini da Philomena, ka ce na gode da rigar sanyi. Ka gaishe da Oisín da Gráinne da jaririnta, Allah ya raya shi, da Fada Tiernan in yana tuna ni. Ka saka ni a addu'a, ka kuma rubuto ko layi uku ne. Zan tsaya nan, don safar hannunsa da na wanke ta bushe, kuma ban yanke ba tukuna ko in kai masa ko in jira ya zo karɓa.

Yayarka mai ƙaunarka kullum,
Attracta.